Masai mai aiki da lantarki: Girkawa da kulawa

A ƙasar Japan, fiye da kashi 80 cikin 100 na gidajen da mutum biyu ko fiye ke zaune a cikinsu na da masai wanda ke yi wa mutum tsarki da ruwan ɗumi, kamar yadda alƙaluman gwamnatin ƙasar na shekarar 2016 suka nuna.

Na'urar ta yaɗu zuwa China da Koriya ta Kudu da Amurka, kuma tana jan hankalin al'ummar da dama can da ruwa take tsarki. Sai dai haɗuwar ruwa da wutar lantarki a wuri guda na tattare da haɗari, muddin ba a girka ta bisa ƙa'ida ba.

Asalinsa

Wani ɗan ƙasar Suwizalan mai suna Hans Maurer ne ya fito da masai mai fesa ruwa da ake kira Closomat a shekarar 1957. Amma a Japan abin ya bunƙasa, bayan da kamfanin TOTO da ke birnin Kitakyushu ya fara sayar da samfurinsa mai suna Washlet a 1980.

Injiniyoyin kamfanin sun gwada shi a kan ɗaruruwan ma'aikatansu, kafin su tsayar da zafin ruwan a kan digiri 38 na ma'aunin Salshiyas. Ya zuwa 2022, kamfanin ya sayar da fiye da guda miliyan 60.

A 2017 kuma, ƙungiyar kamfanonin da ke ƙera irin waɗannan kayayyaki a Japan ta amince da alamomi takwas na bai-ɗaya da za a riƙa sanyawa a jikin maɓallan, saboda baƙi na rikicewa da rubutun Japananci.

Yadda yake aiki

Akwai iri biyu. Na farko mazauni ne kawai da ake ɗorawa a kan masan tangaran da ake da shi. Na biyu kuwa cikakken masai ne da ake kafawa tun daga ƙasa, kuma ya fi tsada nesa ba kusa ba.

Idan an latsa maɓalli, wani siririn bututu na fitowa daga ƙarƙashin mazaunin ya fesa ruwa, sa'annan ya koma ya wanke kansa. Wata na'ura da ke gane cewa an zauna ce ke hana shi fesa ruwa idan babu kowa. Wasu samfuran na busar da jiki da iska mai ɗumi, su tace wari, su buɗe murfi, su kuma kora bayan gida da kansu.

Kafin a saya

Abu na farko shi ne ƙarfin wuta. Wanda aka ƙera domin kasuwar Japan na aiki da bolt 100, na Amurka 120, alhali a Najeriya da Nijar da Ghana wutar gida tsakanin 220 zuwa 240 ce. Jona na Japan kai tsaye zai ƙona shi nan take.

Na biyu shi ne ƙarfin ruwa. Galibin mazaunan na buƙatar ƙarfin da ya kai wanda tankin da ke sama da masan da kimanin mita biyar ke bayarwa, yayin da cikakken masai mara tanki ke buƙatar fiye da haka. Gidan da tankinsa bai yi tsawo ba zai buƙaci ƙaramin injin ƙara ƙarfin ruwa.

Na uku, a auna bakin masan, domin akwai mai zagaye akwai mai tsawo, kuma mazaunin ɗaya ba ya dacewa da ɗayan.

Haka nan samfurin da ke dafa ruwa nan take na iya jan wat 1,200 ko fiye a lokacin da yake aiki, wanda nauyi ne ga ƙaramin janareta ko batirin sola. Mai ɗan tankin ruwan ɗumi a ciki bai kai haka ja a lokaci guda ba, sai dai ruwan ɗuminsa kan ƙare cikin kimanin minti guda.

Girkawa

Mai gyaran famfo kan fara da rufe ruwan da ke shiga tankin masan, ya kora wanda ke ciki, sa'annan ya kwance tsohon mazauni. Daga nan sai ya ɗaura mahaɗi mai baki uku, wanda ke raba ruwa tsakanin tanki da sabon mazaunin, ya kafa farantin da ke riƙe shi, ya tura shi har ya kama.

Ba a jona wuta sai an buɗe ruwa an tabbatar babu yoyo.

Aikin wutar na ƙwararren mai gyaran lantarki ne. Wajibi ne soket ɗin ya kasance yana da wayar da ta shiga ƙasa, da kuma na'urar da ke katse wuta da zarar ta fara zurarewa. A sanya shi inda ruwan wanka ba ya kaiwa, kuma a guji janyo wuta daga wani ɗaki da doguwar waya. Inda wuta ke yawan hawa da sauka, na'urar daidaita wuta na kare kwamfutar da ke cikinsa.

Kulawa

A Japan, galibi ɗakin masai dabam yake da wurin wanka, saboda haka na'urar ba ta jiƙewa. A banɗakin da ake wanka da bokiti ko ake wanke daɓe da kwarara ruwa, sai an raba wuraren biyu da labule ko gilashi, domin ba a kwara wa mazaunin ruwa.

Kafin a goge shi a cire wuta, a yi amfani da tsumma mai laushi da sabulu mara ƙarfi. Bilic da sinadaran wanke masai masu kaifi na tsattsaga robar, kuma tururinsu na cin ƙarafan da ke ciki.

Akwai wata 'yar matata a inda ruwa ke shiga, wadda yashi da tsatsa kan toshe, musamman ruwan rijiyar burtsatse. Raguwar ƙarfin feshi alama ce ta cewa lokacin wanke ta ya yi. Bakin bututun da matatar wari kuma ana tsabtace su kamar sau ɗaya a wata.

Idan za a yi doguwar tafiya, a rufe ruwa, a zubar da wanda ke cikin na'urar, a cire wuta.

Haɗari

A 2007, TOTO ya yi tayin gyara kimanin guda 180,000 kyauta, bayan da wasu ƙalilan suka kama da wuta sakamakon matsalar waya. Kamfanonin Japan na ba da shawarar a duba na'urar ko a sauya ta idan ta shekara goma. Warin ƙuna, ko tsagewar mazauni, ko zafin waya, duk dalilai ne na cire wuta nan take.

Mazauni mai ɗumi na iya ƙona fatar wanda ya daɗe a zaune, don haka akan rage zafinsa ko a kashe shi saboda yara da tsofaffi da marasa lafiya.

Idan aka ɗauke wuta, feshin ruwan na tsayawa. Cikakken masai kan zo da hanyar kora ruwa da hannu, kuma ya kamata kowa a gidan ya san inda take. Haka nan yana da kyau a bar buta a kusa.