Daga Ɗakin Tsohuwa Zuwa Tafin Hannu: Tarihin Na'ura da Ba da Labari a Ƙasar Hausa

Gabatarwa

 Abin da nake so mu duba a wannan lacca shi ne yadda na'urori iri iri, tun daga injin buga littafi har zuwa kwamfuta da wayar hannu, suka shigo cikin rayuwar Bahaushe, da kuma abin da suka yi wa al'adarsa ta ba da labari. A kowane zango za mu tambayi wane ne mai ba da labarin, su wa ke saurarensa, da kuma inda labarin yake kwana bayan an watse.

Kafin Zuwan Na'ura

A al'adar Hausawa ta gargajiya, tatsuniya aikin dare ce, kuma galibi aikin mata ce. Bayan an ci tuwo, yara kan taru a ɗakin wata tsohuwa ko wata amarya, ta ce ga ta nan ga ta nanku, su amsa mata. Mai ba da labarin tana ganin fuskokin masu saurarenta. In ta ga tsoro ya kama ƙaramin cikinsu sai ta rage wa Dodo muni, in ta ga barci ya fara ɗaukarsu sai ta jefo waƙa su karɓa. Watau labarin bai da siffa guda tabbatacciya, kowane dare da irin tasa. Ma'ajiyarsa kuwa ita ce kan mai faɗa da kan mai ji, saboda haka muddin akwai kaka da jika a gida ɗaya, ba a tsoron ya ɓata.

Takarda da Injin Bugu

Hausawa sun daɗe suna rubutu da ajami, amma waƙoƙi da wasiƙu da ilmi suka fi ba wa tawada. Waɗanda suka fara tara tatsuniyoyi a buga Turawa ne, kamar Frank Edgar, wanda ya fitar da littattafai uku tsakanin 1911 da 1913. A shekarar 1933 Rupert East na hukumar fassara da talifi ta Zariya ya zaga garuruwan Arewa yana roƙon malamai su rubuta ƙagaggun labarai don wata gasa. Shi kansa ya bayyana daga baya cewa ya sha wuya kafin ya shawo kansu, domin a ganinsu ƙaga labari aikin mata da yara ne, bai kamaci malami ba. Duk da haka gasar ta haifi littattafai biyar, cikinsu har da Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa. A 1939 kuma aka fara buga jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo.

Abin lura a nan shi ne labari ya sake hannu. Da yake makarantar boko 'ya'ya maza ta fi ɗauka, kuma maɗaba'a tana hannun hukuma, sai ba da labari a rubuce ya zama aikin maza. Sai da aka yi fiye da shekara arba'in bayan waccan gasa kafin a buga ƙagaggen labarin mace, watau So Aljannar Duniya na Hafsat Abdulwaheed, wanda kamfanin NNPC ya fitar a 1980.

Akwatin Rediyo

Littafi na mai karatu ne, masu karatun boko kuwa a wancan zamani ba su da yawa. Na'urar da ta fara ratsa gidajen talakawa sosai ita ce rediyo. A Kano an fara da rediyo mai waya a 1944, inda ake jan waya daga tasha zuwa lasifikokin da aka kafa a gidaje da wuraren taruwar jama'a, mai saurare ba shi da zaɓin tasha. Sashen Hausa na BBC ya fara aiki ran 13 ga Maris, 1957, gidan rediyo da talabijin na Kaduna ya buɗe a 1962, Muryar Jamus ta fara Hausa a 1963, Muryar Amurka kuma a 1979. Da ƙaramar rediyo mai batir ta yi arha, sai ta zama abokiyar manomi a gona, da makiyayi a daji, da mai shayi a bakin tasha.

Amfanin rediyo ga labari shi ne ta mayar da shi ga kunne, inda ya saba zama. Matar da ke cikin kulle, wadda ba ta zuwa kallon majigi a ƙofar fada balle gidan silima, tana iya sauraren wasan kwaikwayo kamar Zaman Duniya Iyawa Ne na Yusuf Ladan tana tankaɗe ko tana saƙar hula. Har ila yau rediyo ta haɗa Bahaushen Kumasi da na Damagaram da na Sudan a kan murya ɗaya, ta hanyar shirye-shiryen gaishe-gaishe irin su Zaɓi Sonka. Amma fa akwatin ba ya ganin fuskar yaro, ba ya kuma jiran a amsa masa. Sa'an nan lokacin da ya fi cika da shirye-shirye masu daɗi shi ne bayan cin abincin dare, watau daidai lokacin tsohuwa. Da talabijin ya zo da su Samanja Mazan Fama na Usman Baba Pategi da Kuliya Manta Sabo, sai yaran unguwa suka koma cincirindo a tagar mai akwatin kallo, ɗakin kaka ya fara yin shiru.

Kaset, Bidiyo da Kwamfuta

Duk na'urorin da muka ambata zuwa yanzu na hukuma ne ko na manyan kamfanoni. Talaka yana karɓa ne kawai, ba ya aikawa. Wannan ya sake a shekarun 1980, sa'ad da tattalin arzikin Nijeriya ya karye, manyan kamfanonin ɗab'i suka ja baya daga buga ƙagaggun labarai. Matasa a Kano da wasu garuruwa suka shiga buga littattafansu da kuɗinsu, da farko da keken rubutu da ƙananan maɗaba'u. Daga bisani shagunan buga takardu da kwamfuta suka yawaita, ya zama marubuciya na iya aika littafinta na makaranta mai ɗauke da rubutun hannu, a buga mata, a tsara shafuka, a kai maɗaba'a, ba tare da wani edita ya ce mata a'a ba. Ta wannan ƙofa mata irin su Balaraba Ramat Yakubu da Bilkisu Ahmed Funtuwa suka shigo, suna rubutu a kan auren dole da kishi da saki da karatun 'ya mace. Masu suka sun kira abin adabin kasuwar Kano, aka yi ta muhawara a jaridu, amma masu karatu ba su fasa saye da haya ba. Ke nan labari ya fara komawa hannun da ya fito.

Kwamfuta ta zo da tata matsalar. Waɗanda suka ƙera ta ba su tanadi haruffa masu lanƙwasa ba, watau ɓ da ɗ da ƙ, saboda haka littattafai da yawa na wancan lokaci suka fito babu su. Mai karatu sai ya bi ma'anar jimla kafin ya gane ko kafa ake nufi ko ƙafa, ko dauri ko ɗauri. Farfesa Abdalla Uba Adamu yana cikin waɗanda suka ƙirƙiro haruffan Hausa na kwamfuta don magance wannan. Yanzu haruffan suna cikin wayoyi da kwamfutoci, amma ɗabi'ar barinsu ta riga ta zauna a hannun mutane da yawa.

A ɓangaren kallo kuwa, ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo a 1990, wanda ake ɗauka shi ne mafarin sana'ar fim ɗin Hausa ta kasuwa. Cikin shekara goma sana'ar ta bunƙasa, har aka kafa mujallar Fim a 1999, gwamnatin Kano kuma ta kafa hukumar tace finafinai a 2001. Kwamfuta ce ta zama ɗakin tace hoto da haɗa sauti, fiyano na lantarki kuma ya maye gurbin kalangu da kukuma a waƙoƙin fim. Bidiyo ya kai kallo har cikin ɗakin matan aure, abin da silima ba ta taɓa yi ba.

Wayar Hannu

A 2001 aka fara wayar salula ta GSM a Nijeriya. Da wayoyi masu ɗaukar hoto da intanet suka bazu, sai kasuwar kaset da faifai ta faɗi, masu tura finafinai a waya suka maye gurbin masu sayar da faifai. Tashar Arewa24 ta buɗe a 2014, finafinai masu dogon zango irin su Labarina da Izzar So kuma suka kama jama'a a talabijin da YouTube tun daga 2020. Littafi ma ya koma waya. Marubuciya kan saki labarinta shafi-shafi a WhatsApp ko Wattpad, masu karatu su biya ta waya, su kuma yi mata sharhi tun kafin ta rubuta babi na gaba. A 2016 BBC ta fara gasar Hikayata ta gajerun labarai, ta kuma keɓe ta ga mata. Idan muka lura, a nan an dawo kusa da ɗakin tsohuwa: mace ce ke faɗa, masu saurare na amsawa, labarin kuma yana iya sake hanya saboda amsarsu.

Kammalawa

Saura tambayarmu ta ƙarshe, watau inda labari yake kwana. Littattafan gasar 1933 suna nan, ana karanta su a makarantu, domin takarda na da haƙuri. Kaset kuwa zafi da ƙura da damina suna cin sa, na'urar kunna shi ma ta yi wuyar samu. Labarin da ke cikin waya ya fi duka rauni, domin ranar da aka sace wayar ko aka rufe zauren, ya tafi, babu kuma jikan da ya haddace shi. Ɗalibin da zai zo nan gaba ya nemi sanin abin da matan Hausawa suka rubuta a wannan zamani zai iya samun na 1980 a ɗakin karatu, ya rasa na 2020.

Saboda haka shawarata ga sassan Hausa na jami'o'inmu da ɗakunan karatu ita ce su ɗauki tara waɗannan abubuwa a matsayin aikinsu. A nemi tsofaffin kaset a gidajen rediyo da talabijin da hannun 'yan kasuwa a juye su, a nemi izinin marubutan waya a adana rubutunsu da sunayensu da shekarunsu. Ɗalibai kuma, in kun je gida hutu, wayar da ke aljihunku tana ɗaukar magana. Ku zauna gaban tsofaffin da suka rage, ku roƙe su tatsuniya, ku ɗauka, ku kawo mana.