Jin Ƙai da Takardar Asali: Matsayin Marayun Ma'aikata a Jos

Idan ma'aikacin gwamnati ya rasu yana bakin aiki, wani lokaci akan ɗauki ɗansa ko matarsa aiki don kada gidan ya tagayyara. A Indiya wannan tsari yana da rubutacciyar ƙa'ida, har Kotun Ƙolin ƙasar ta fayyace a shari'ar Umesh Kumar Nagpal ta 1994 cewa manufarsa ita ce ceto iyali daga ƙuncin da ya faɗo musu kwatsam, kuma kujerar gwamnati ba gado ba ce. A Najeriya kuwa galibi alfarma ce, sai yadda gwamna ko shugaban ma'aikata ya ga dama. Wannan maƙala na da ra'ayin cewa a gari irin Jos, jin ƙan da ba shi da ƙa'ida takardar asali ce za ta riƙa zaɓar masa marayu.

Tarihin garin ya nuna nauyin da naɗi ɗaya ke da shi. Haƙar kuza ta jawo Hausawa da Yarbawa da Ibo zuwa Jos tun farkon ƙarni na 20, a ƙasar da Berom da Anaguta da Afizere ke ɗauka tasu. Bayan ƙirƙiro Ƙaramar Hukumar Jos ta Arewa a 1991, naɗa Alhaji Aminu Mato shugaban riƙonta ya haifar da tarzomar 12 ga Afrilu 1994. Naɗa Alhaji Mukhtar Muhammad jami'in shirin yaƙi da talauci na NAPEP a 2001 yana cikin abubuwan da suka hura wutar rikicin 7 ga Satumba, wanda ya ci rayuka kusan 1,000. A duka biyun, asalin mutumin ne babban abin da aka yi wa gardama.

Kundin Tsarin Mulki na 1999 da kansa yana da baki biyu. Sashe na 42 ya haramta nuna wa ɗan ƙasa bambanci saboda ƙabila ko addini ko wurin asali, amma sashe na 147 ya wajabta naɗa minista daga cikin 'yan asalin kowace jiha, ita kuma Hukumar Raba Daidai ta Tarayya da asalin iyaye take lissafi. Saboda haka hukuncin ya koma teburin ƙaramar hukuma. Maraya ya zo da takardar mutuwar mahaifinsa da ta kama aikinsa, sai a ce ya kawo takardar asali, wato indijin, wadda ba ta samuwa sai da sa hannun mai unguwa da hakimi. Mahaifin ya shekara ashirin yana koyarwa a Gangare ko Dilimi, amma yaron zai ji ana cewa ya koma Kano ko Katsina, garuruwan da ba wanda ya san shi.

Dole a yi wa 'yan asalin Filato adalci. Tsoronsu na gaske ne: guraben aiki kaɗan ne, kuma ɗan Berom da aka haifa a Kano irin wannan ƙofa zai tarar a rufe. Sai dai wannan hujja ce ta gyara tsarin a ko'ina. Zaluncin da aka yi a Kano ba ya halatta wanda za a yi a Jos.

Abin da ya kamata shi ne Jihar Filato ta rubuta ƙa'idar a fili. Sharuɗɗa uku sun isa: mamacin ya rasu yana ma'aikacin jihar, iyalinsa na cikin buƙata, mai neman kuma ya cika sharaɗin ilimi. 'Ya mace, ko da ta yi aure, ta tsaya daidai da ɗa namiji. A riƙa buga sunayen waɗanda aka ɗauka duk shekara don kowa ya gani. Gwamnatin da ta ci moriyar gumin mutum tsawon shekaru ba ta da hujjar tambayar marayansa garin kakansa.