ZARE: Masar ta gwada Rasha, ta gwada Amurka. Ga abin da ta samu, ga abin da ta biya

1/ Jiya a majalisarmu musu ya kaure har shayi ya huce. Wani ya ce Rasha ce kaɗai aminiyar Larabawa. Wani ya ce duk wanda ya rabu da Amurka ya saki reshe ya kama ganye. Na ce musu akwai ƙasar da ta gwada su duka biyun, ɗaya bayan ɗaya: Masar. Na yi alkawarin rubutawa, to ga shi. Da ɗan tsawo, ku gyara zama.

2/ Ku riƙe wannan tun daga farko, don a kansa zaren zai tafi. A kasuwa, mai saye yana da baki muddin zai iya tashi ya nufi rumfar gaba. Ranar da mai kaya ya gane ba ka da inda za ka, shi zai yanka maka farashi. Ni haka na fahimci hulɗar Masar da manyan ƙasashe.

3/ Mu fara daga 1952. Ranar 23 ga Yuli wasu matasan hafsoshin soja suka hamɓarar da Sarki Faruk. Zuwa 1954 mulki ya tattara a hannun Jamal Abdul-Nasir. Ƙasar da ya gada, sojojin Birtaniya na zaune cikinta tun 1882, kuma mashigin ruwan Suez yana hannun wani kamfani da Faransawa da Turawan Ingila suka mallaki hannun jarinsa.

4/ Abu biyu Nasir yake nema ruwa a jallo: makamai, da katafaren dam a Aswan a kan kogin Nilu, don noman rani da wutar lantarki da tare ambaliya. Abin da mutane da yawa ba su sani ba, ƙofar Amurka ya fara ƙwanƙwasawa. Nasir ba ɗan gurguzu ba ne. Daga baya ma 'yan gurguzun Masar a kurkuku ya zuba su.

5/ Lokacin Yaƙin Cacar Baka ne, kuma Amurka da Birtaniya suna son Larabawa su shiga ƙawancen tsaro don tare Tarayyar Sobiyet. A 1955 aka ƙulla Yarjejeniyar Bagadaza: Iraƙi, Turkiyya, Birtaniya, Pakistan, Iran. Nasir ya ƙi. Hujjarsa mai sauƙi ce: ta yaya za ka ce in ji tsoron Mosko, alhali wanda ke zaune a tsakar gidana Bature ne?

6/ A Fabrairun 1955 sojojin Isra'ila suka kai farmaki Gaza, wadda lokacin ke hannun Masar, suka kashe sojojin Masar sama da 30. Nasir ya matsa neman makamai, Amurka ta yi ta gindaya sharuɗɗa. A Satumba sai kawai ya sanar da cewa ya yi cinikin makamai da Cekoslobakiya. Sunan nata ne, amma kayan na Sobiyet ne: tankoki da jiragen yaƙi samfurin MiG.

7/ Kun ga abin da ya biyo baya? Da Washington ta ga mutumin ya leƙa rumfar gaba, sai ta sassauto. A Disamban 1955 aka yi masa tayin kuɗin dam: Amurka dala miliyan 56, Birtaniya miliyan 14, Bankin Duniya kuma bashin miliyan 200. Abin da roƙo bai samo ba, tsoron rasa mai saye ya samo shi.

8/ Amma tayin bai yi ƙarko ba. A Mayun 1956 Masar ta amince da gwamnatin gurguzu ta Sin. A majalisar Amurka kuma sanatocin jihohin da ke noman auduga ba sa son a gina dam ɗin da zai ƙara wa audugar Masar yawa. Ranar 19 ga Yuli, sakataren harkokin waje John Foster Dulles ya kira jakadan Masar ya ce an fasa.

9/ Mako ɗaya cif, ranar 26 ga Yuli, Nasir ya tsaya gaban dubban mutane a Iskandariyya. Cikin jawabin ya yi ta ambaton sunan de Lesseps, Bafaranshen da ya jagoranci haƙa mashigin. Ashe alama ce. Da jin sunan a rediyo, mutanensa suka shiga ofisoshin kamfanin suka karɓe. Ya ce da kuɗin mashigin za a gina dam ɗin.

10/ Birtaniya ta fusata. Faransa dama tana ciki da shi saboda yana taimakon 'yan gwagwarmayar Aljeriya. A Oktoba suka haɗu da Isra'ila a asirce a garin Sèvres kusa da Paris, suka kitsa: Isra'ila ta kai hari Sinai, su kuma su shigo da sunan raba faɗa. Ranar 29 ga Oktoba Isra'ila ta shiga. Ranar 5 ga Nuwamba sojojin laima suka dira Port Said.

11/ A fagen yaƙi Masar ta sha kashi, wannan ba a musu. To wa ya tsayar da yaƙin? A nan 'yan majalisarmu suka fi ɗaga murya. Gaskiya ne Mosko ta aika wasiƙun barazana har da zancen rokoki. Amma a daidai wannan makon tankokinta suna murƙushe boren mutanen Hangari. Wanda ya shaƙe wuyan Birtaniya da gaske shi ne Shugaba Eisenhower na Amurka.

12/ Darajar fam na zubewa, Birtaniya na neman bashi daga Asusun Ba da Lamuni na Duniya, Amurka ta tare hanya sai an janye. Cikin kwanaki aka tsagaita wuta. Firaminista Anthony Eden ya sauka a Janairun 1957, Isra'ila ta fice daga Sinai a Maris. Ba don son Nasir Eisenhower ya yi ba. Tsoronsa kada duk Larabawa su faɗa hannun Mosko.

13/ Wannan ne ganiyar Nasir. Manya biyu suna tsoron kada ya koma wajen ɗayan, shi kuma yana cin moriyar tsoron. A 1958 Sobiyet ta yarda ta ba da bashi da injiniyoyi don dam ɗin, aka fara aiki a Janairun 1960. A farkon shekarun 1960 kuma jiragen ruwa na sauke alkamar Amurka a Masar cikin rangwame. Dam daga Mosko, burodi daga Washington.

14/ Dam ɗin kuwa ba wasa ba ne. Tsayinsa mita 111, injinan wuta 12, ƙarfinsu megawat 2,100. An kammala a 1970. Ƙauyuka da yawa a lokacin suka fara ganin lantarki. Amma akwai waɗanda suka biya: mutanen Nuba kusan 100,000 a Masar da Sudan aka tasa daga garuruwansu, tsohon garin Wadi Halfa ruwa ya cinye shi. Ba a cika tuna su ba.

15/ Daga nan ƙofa ɗaya ta fara rufewa. Tun 1962 Nasir ya tura dubban sojoji yaƙin basasar Yemen, inda Saudiyya ke goyon ɗaya ɓangaren. Dangantaka da Washington ta yi tsami. A Disamban 1964 ya ce wanda halin Masar bai yi masa ba ya je ya sha ruwan teku. Tafi ya samu sosai. Ba a jima ba gwamnatin Johnson ta tsuke bakin buhun alkamar.

16/ Sai 1967. A Mayu Mosko ta ba Masar labarin cewa Isra'ila ta jibge sojoji a iyakar Siriya. Labarin ba gaskiya ba ne. Nasir ya tura sojoji Sinai, ya sallami dakarun Majalisar Ɗinkin Duniya, ya rufe mashigar Tiran ga jiragen Isra'ila. Safiyar 5 ga Yuni aka ragargaza jiragen yaƙin Masar suna ƙasa. Kwana shida, Sinai ta tafi.

17/ A nan lissafin ya juye. Masar ta yanke hulɗa da Amurka, soja ya wargaje, mashigin Suez a rufe, kuɗinsa ya tsaya. Rumfa ɗaya ta rage a kasuwar. Sobiyet ta sake ɗinke sojan Masar da makamai, wannan gaskiya ne. Amma jiragen ruwan yaƙinta suka samu wurin zama a tashar Iskandariyya. Kowa ya ci ladan kuturu, kun san sauran.

18/ A Janairun 1970 jiragen Isra'ila na jefa bama-bamai har kusa da Alƙahira. Nasir ya tafi Mosko a ɓoye ya nemi su turo makaman kakkaɓo jirage tare da sojojin da za su sarrafa su. Suka turo, har da matuƙa jirgi. Ku duba fa: mutumin da ya kori sojan Birtaniya a 1956, shi ne da bakinsa ya gayyato wasu baƙin sojojin. Ya rasu a Satumban shekarar.

19/ Anwar Sadat ya gaje shi. A Mayun 1971 ya sa hannu kan yarjejeniyar abota da Mosko. Amma yana son makaman da zai ƙwato Sinai, su kuma suna jan ƙafa, don suna gyara tsakaninsu da Amurka. A Mayun 1972 Nixon ya je Mosko wajen Brezhnev. Sadat ya gane maganar Sinai ba ta gabansu. A Yuli ya sallami mashawartan sojan Sobiyet, kusan 15,000 ko fiye.

20/ Ranar 6 ga Oktoban 1973, goma ga Ramadan, sojojin Masar suka tsallaka mashigin, suka fasa ganuwar yashi ta Bar Lev da mesar ruwa mai ƙarfi. Da makaman Sobiyet suka yi yaƙin. Manyan biyu kowa ya yi ta jigilar makamai wa nasa, har Amurka ta sa dakarunta na nukiliya cikin shirin ko-ta-kwana. Larabawa masu mai suka ƙaƙaba takunkumi, ganga ta tashi daga wajen dala 3 zuwa kusan 12.

21/ Sadat ya yi yaƙi da makamin Mosko don ya samu kujera a teburin Washington. Yakan ce kashi 99 cikin 100 na katin wasan yana hannun Amurka, don ita kaɗai ke iya matsa wa Isra'ila. Henry Kissinger ya shiga zirga-zirga. A 1975 aka buɗe mashigin, a 1976 Sadat ya soke yarjejeniyar abota da Sobiyet. Ya rufe waccan ƙofar da hannunsa.

22/ Sauran ya zo da sauri: ziyarar Ƙudus a Nuwamban 1977, Camp David a Satumban 1978, yarjejeniyar zaman lafiya a Maris 1979. Me ya samu? Sinai ta dawo, Isra'ila ta kammala janyewa a Afrilun 1982, banda ɗan yankin Taba da ya biyo baya. Wannan ba ƙaramin abu ba ne. Uwayen Masar sun daina binne 'ya'yansu a yaƙi da Isra'ila.

23/ Me ya biya? Ƙungiyar Ƙasashen Larabawa ta dakatar da Masar, ta ɗauke hedkwatarta daga Alƙahira zuwa Tunis, sai 1989 aka mayar da ita cikin ƙungiyar. Falasɗinawa suka rasa mafi ƙarfin sojan Larabawa a bayansu, alkawarin cin gashin kansu kuma ya tsaya a takarda. Shi kansa Sadat, ranar 6 ga Oktoban 1981 aka harbe shi a wajen fareti.

24/ Tun 1987 Amurka ke ba sojan Masar kimanin dala biliyan 1.3 duk shekara. Sai dai kuɗin kusan duka a kamfanonin makaman Amurka ake kashe su. Jirgin F-16 kuma yana buƙatar kayan gyara, su ma daga can. Wanda ke riƙe da kayan gyaran jirginka, ba sai ya ɗaga maka murya ba.

25/ Yau fa? Masar ta sake buɗe ƙofofi. Kamfanin Rosatom na Rasha yana gina mata tashar nukiliya a Daba'a da bashin dala biliyan 25. Ta shiga BRICS a Janairun 2024. Tana karɓar kuɗin Amurka har gobe. Amma tana cikin ƙasashen da suka fi sayen alkama a duniya, kaso mai yawa daga Rasha. Maganar burodi tana nan inda Nasir ya bar ta.

26/ To ga amsata ga 'yan majalisa. Rasha ta gina dam, ta kuma ja ƙafa ranar da Masar ta fi buƙatarta. Amurka ta tsayar da yaƙin 1956, ta kuma yi amfani da alkama ta murɗa kunne. Kowace ta taimaka lokacin da taimakon ya dace da lissafinta. Masar ta fi samun riba a shekarun da take da zaɓi, ta fi biya da tsada bayan 1967 da zaɓin ya ƙare.

27/ Shi ya sa idan na ji ana murnar an kori wannan an kawo wancan, tambaya uku nake yi. Wa ke ciyar da ƙasar? Wa ke gyara makamanta? Wa ke bin ta bashi? In amsar duka sunan baƙo ɗaya ne, tuta kawai aka sauya. Hausawa sun riga sun faɗa: guntun gatarinka ya fi sari ka ba ni.

28/ Nan zan tsaya. Wanda yake ganin Sadat ya yi daidai, ko yake ganin ya sayar da Falasɗinawa da araha, ya zo da hujjarsa a ƙasa, zan karanta in ba da amsa. Zagi dai ban da shi. In kun ga zaren ya amfane ku, ku tura wa wancan abokin naku da kullum yake musu a majalisa.