Iskar oksijin ga jarirai da bakwaini: magani ne mai awo

Bakwaini, a ma'aunin likitoci, shi ne jaririn da aka haifa kafin ciki ya cika mako 37. Babbar matsalarsa numfashi ce, domin huhunsa bai gama ƙosawa ba. Idan aka ga jariri yana haki, yana gurnani, haƙarƙarinsa na lotsawa, ko leɓɓansa sun sauya launi, alama ce ta ƙarancin oksijin a jininsa.

Iskar da ake shaƙa kullum tana ɗauke da oksijin kashi 21 cikin ɗari. Idan hakan bai wadatar ba, sai a ƙara wa jaririn ta 'yar robar hanci, yawanci rabin lita zuwa lita 1 a minti guda. Ana samun iskar daga tukunya, ko daga injin da ke tace ta, wanda ba ya aiki sai da lantarki.

Sai dai yawanta ma illa ne. A shekarun 1940 zuwa 1950, dubban bakwaini sun makance a Amurka da Turai saboda an riƙa cika musu kwalba da oksijin ba tare da awo ba, lamarin da ya lalata jijiyoyin jinin idanunsu. Shi ya sa ake maƙala wa jariri wata ƙaramar na'ura a ƙafa ko hannu don auna oksijin ɗin jininsa. Ga bakwainin da bai kai mako 32 ba, ana son awon ya tsaya tsakanin kashi 91 zuwa 95. Bayan an sallame shi kuma, wajibi ne likitan ido ya duba shi.

Ga mazauna Yelwa da ke kan hanyar Dass a birnin Bauchi, irin wannan kulawa tana samuwa a sashen jarirai na Asibitin Koyarwa na Jami'ar Abubakar Tafawa Ɓalewa. A kan hanya, a manna jaririn a ƙirjin uwa, fata da fata, domin sanyi yana tsananta wahalar numfashi.

Akwai iyayen da ke ƙin yarda a sanya wa ɗansu iskar, suna ganin sai wanda ajali ya kusanto ake sanya wa. Wannan zato ya samo asali ne daga jinkirin kai jarirai asibiti, har sai rai ya kai ga halinsa. Jaririn da aka kai da wuri, ana rage masa iskar sannu a hankali har ya koma numfashi da kansa.