Ɓoyayyar Talla da Amanar Mai Sauraro a New Bell

Tun da dokar 19 ga Disamba, 1990 ta sakar wa jaridu mara a Kamaru, sannan dokar 2000 ta ba gidajen rediyo da talabijin masu zaman kansu dama, kafofin watsa labarai suka yawaita a Duwala. Sai dai kuɗin tallar da ke kasuwa bai isa ya ciyar da su duka ba. A wannan giɓi ne «gombo» ya samu gindin zama, wato na goron da ake miƙa wa ɗan jarida don ya fitar da yabon wani kamfani ko mai magani a rigar labari.

Hujjar wannan maƙala ita ce, ɓoye biyan shi ne babban laifin. Bahaushen unguwar New Bell ta Duwala, da ke hada-hada a Kasuwar Kongo ko Nkololoun, ya saba da dillali. Ya san akwai la'ada, don haka yana sauraron yabon haja da ragi. Amma idan mai gabatar da shiri ya yaba wa maganin basir ko kamfanin zuba jari da muryar da ya karanta labarai, mai sauraro ba shi da abin da zai auna maganar da shi.

Masu kare al'adar kan ce albashin 'yan jarida kaɗan ne, wani lokaci ma ba ya zuwa. Gaskiya ne. Talauci na iya bayyana dalilin karɓa, amma ba ya halatta ɓoyewa.

A 2023 Faransa ta wajabta wa taurarin intanet rubuta alamar talla a kan duk abin da aka biya su. Kamaru na da dokar talla ta 2006 da Majalisar Sadarwa ta Ƙasa mai ikon dakatar da shiri. To amma rubutacciyar alama da Faransanci ba za ta wadatar a unguwannin Nylon da New Bell ba, inda saƙo ke yawo ta rediyo da muryar WhatsApp, cikin Hausa, Fulatanci da Turancin Fijin. Wajibi ne a furta cewa talla ce, da baki, a farkon saƙo, cikin harshen da aka yi tallar, a kuma hukunta tashar da ta ƙi yin haka.