Ƙunshin fayil na zip da rar: yadda ake ɓoye muguwar manhaja a cikinsa

Ƙunshin fayil, wanda aka fi sani da zip ko rar, hanya ce ta dunƙule takardu, hotuna ko manhajoji wuri guda, a matse su domin su yi sauƙin aikawa. Phil Katz ne ya fito da zip a 1989, Eugene Roshal kuma ya biyo da rar a 1993. Amfaninsa ba ɓoyayye ba ne a inda data ke da tsada: ɗalibin Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi ko na Kwalejin Ilimi ta Adamu Augie da ke Argungu kan karɓi tsofaffin tambayoyin jarrabawa a haka.

Sai dai ƙunshi buhu ne ɗinkakke. Mai sayen shinkafa a kasuwar Argungu yakan sa a ɗebo masa ya ga ƙwaya kafin ya biya, amma wanda ya latsa adireshin da aka watso a zauren WhatsApp bai san abin da ya sauke ba sai ya kwance. Abin da aka kira takarda yana iya zama manhajar da za ta kwashe kalmomin sirri daga kwamfuta. A wayar Android kuwa, fayil ne mai ƙarewa da apk, wanda idan aka girka shi aka ba shi izini zai riƙa karanta lambobin da banki ke turowa. Mafi wayo shi ne ƙunshin da aka kulle, aka haɗo da kalmar buɗewa a cikin saƙon. Kullewar kan sa mutum ya ɗauka abu ne mai muhimmanci, alhali aikinta shi ne hana manhajar tsaro leƙa ciki.

Wani lokaci ma ɓarakar tana jikin manhajar buɗewar. A 2023 kamfanin Group-IB ya gano cewa tun watan Afrilu ake amfani da wani rauni na WinRAR kan masu hada-hadar kuɗi: mutum zai latsa hoto ko takarda ta gaske a cikin ƙunshin, wata manhajar ta tashi a ɓoye. An toshe raunin a watan Agusta da samfuri na 6.23, amma a Oktoba masu binciken Google suka ce ƙungiyoyin da ke da alaƙa da gwamnatocin Rasha da Sin na ci gaba da cin gajiyarsa. Dalili kuwa, WinRAR ba ya sabunta kansa, sai mai kwamfuta ya sauko da sabo da hannunsa. Tambayar da ta dace a yi wa mai shagon buga takardu ke nan kafin a miƙa masa filashi.

Ga mai bin siyasa, tarkon kan zo da sunan "takardun sirri", jerin waɗanda aka ɗauka aiki, ko sakamakon zaɓe. Lokutan zaman jira, irin wanda Kebbi ta yi tsakanin 18 ga Maris da 15 ga Afrilun 2023 bayan an ce zaɓen gwamna bai kammala ba, su ne ɗoki ke rinjayar hankali. Takardun sakamakon rumfuna dai a shafin IReV na hukumar INEC ake duba su, ba a cikin ƙunshin da baƙuwar lamba ta turo ba.

Wanda ya riga ya kwance, ya kuma latsa abin da ke ciki, ya fara katse intanet, ya sauya kalmomin sirrinsa daga wata na'urar dabam, sannan ya kira bankinsa a dakatar da cire kuɗi.