Tarihin Ɗakin Kaka: Yadda Aka Haɗa Launin Itace Kafin Zuwan "Saiti"



Ranar jeren ƙanwata a Makarfi aka so a yi rigima. Tsohon akwatin katakon da ta gada, ja ne, gadonta kuwa ruwan madara. Gwaggo ta ce, "'Yata, fitar da shi, ya ɓata saiti." Ni kuma sai na tuna ɗakin kakarmu a Kudan.

A ɗakin nan babu abu biyu masu launi ɗaya. Ka ɗaga kai, azara ce ta giginya, baƙi-baƙi. Irinta Babban Gwani Muhammadu Durugu ya sa cikin bakan-gizon Masallacin Juma'a na Zariya a shekarun 1830, saboda gara ba ta cika cinta ba. Turmi da taɓarya na ƙirya ne, ja mai duhu, don yana jure daka. Allon karatunmu na aduwa, fari-fari. Ga baƙin akushi, ga akwatin maɗaci.

To me ya sa ɗakin bai yi kama da kasuwa ba? Masassaƙi aiki yake dubawa kafin launi, kowane ice da gurbinsa. Duhu a sama, duhu a ƙasa, masu haske a tsakiya, farar ƙasar bango ta raba su. Hannu da hayaƙi kuma suka ba su sheƙi iri ɗaya.

Maganar "saiti" daga baya ta zo. Gadon ƙarfe ya ture na kara, sannan fomeka, wadda aka fara yi a Amurka a 1913, ta rufe fuskar katako. Gado, wadirof, madubi, duk launi guda.

Yau itatuwan ne ke ƙarewa. Saboda yawan fitar da maɗobiya zuwa Chana, a 2017 ta shiga jerin itatuwan da yarjejeniyar CITES ke taƙaita cinikinsu, maɗaci ya biyo baya a taron 2022. Kafinta a Ikara zai gaya maka faffaɗan maɗaci yanzu sai an tona.

Don haka idan kina da tsohon katako, kada ki yar. Zaɓi launi ɗaya ya rinjaya, ki maimaita na biyun a wuri biyu, ki sa darduma tsakaninsu.

Akwatin dai yana nan a gefen gado. Gwaggo ma a kansa take zama.

Sai mun haɗu a shiri na gaba.